Marmaron da Ya Ara wa Duniya Suna

Duk inda tafasasshen ruwa ke fasowa daga ƙarƙashin ƙasa ya yi tsiri sama, a Amurka ne ko a Rasha ko a Kenya, da suna ɗaya aka san shi. Turawan Ingila da Faransawa su rubuta geyser, Jamusawa Geysir, Sifaniyawa géiser, Rashawa ma shi suka ara suka sa masa nasu baƙaƙen. Amma tun asali ba sunan jinsi ba ne. Sunan yanka ne na wani marmaro guda ɗaya tal da ke kwarin Haukadalur, a kudu maso yammacin tsibirin Aislan, tafiyar kimanin kilomita 100 daga Reykjavik. Shi muka yi sammako don mu gani, ni da wani dattijo, tsohon malamin ilmin duwatsu da ma'adinai, wanda taro ya haɗa mu masauki a birnin. Kaka ce a can, ganyen 'yan bishiyoyinsu ya koma ruwan ɗorawa, iska kuwa ba ta ragawa kowa.

Tun kafin mutum ya bar Reykjavik zai san ƙasar nan a kan wuta take zaune. Ka buɗe famfon ruwan zafi a ɗakin wanka, warin farar wuta ne zai fara yi maka sannu da zuwa, don ruwan daga rijiyoyin ƙarƙashin ƙasa yake zuwa da zafinsa. Sunan birnin ma daga nan ya samo asali: mashigin teku mai hayaƙi. Tarihinsu ya ce Ingolfur Arnarson, wanda ya fara kafa gida a wurin wajen shekarar 874, ya tarar da tururi na tashi daga marmaro a bakin gaɓa, shi ne aka kira shi hayaƙi. Babban titin kasuwancin birnin, Laugavegur, inda yanzu kantunan rigunan ulu suka yi layi, hanyar wanki ce a da. Ta nan mata ke bi da ƙunshin kaya a baya, tafiyar kusan kilomita 3, su je su yi wanki a ruwan zafin Laugardalur. A 1930 aka ja bututu daga can aka fara ɗumama wata makarantar firamare, yau kuwa kusan gidaje tara cikin goma a ƙasar da wannan zafin suke korar sanyi.

Motarmu ta bi ta Thingvellir, inda majalisarsu ta fara zama a 930, inda kuma ƙasa ta tsage tsakanin manyan farantan ɓawon ƙasa biyu, na Turai da Asiya da na Amurka ta Arewa, suna nesanta da juna kimanin santimita 2 duk shekara. Wuri ne da ya isa a ba shi yini guda, amma ba shi ya fito da mu ba. A Laugarvatn muka ɗan tsaya, muka ga ana tone tukunyar burodi daga cikin baƙin yashin bakin tafki, inda aka binne ta tun jiya, zafin ƙasa ya gasa shi. Baƙi ne, mai danƙo da ɗan zaƙi, ana shafa masa man shanu da kauri. A nan ne kuma ake nuna wani ɗan kududdufi mai ɗumi da aka ce a shekarar 1000, da majalisa ta karɓi addinin Kirista, wasu manya suka ƙi yarda a tsoma su a ruwan sanyin Thingvellir, sai da aka zo nan aka yi musu baftisma. Duk wanda ya san alwalar asuba a tsakiyar hunturu ba zai ga laifinsu ba.

Daga nesa ake hango Haukadalur. Gindin wani tudu ne mai suna Laugarfjall, ƙasar ja-ja da fari-fari, tururi na tashi nan da can iska na kwantar da shi gefe guda. Ana sauka daga mota wari ya tare hanci, irin na ruɓaɓɓen ƙwai. An shimfiɗa hanya, an ja igiya gefe da gefe, alluna na gargaɗin cewa ruwan da ke malala kusa da ƙafarka yana tsakanin digiri 80 da 100. Wani ƙaramin rami da ake kira Litli Geysir yana ta ɓararraka shi kaɗai, babu mai tsayawa ya kula shi. Kowa gaba ya nufa, inda jama'a suka yi da'ira, kowa ya ɗaga wayarsa, hannu na karkarwa saboda sanyi amma ba mai saukewa.

Abin da suka kewaye wani kwano ne na farin dutse, cike da ruwa garau, a tsakiyarsa akwai baƙin rami. Ruwan ba ya zaune lafiya. Sai ya ɗan taso har ya tumbatsa, ya koma ya nutse cikin ramin, ya sake tasowa, jama'a su ja numfashi, ya kuma komawa. Yana iya yin wannan yaudara sau da dama. Can sai fuskar ruwan ta kumbura gaba ɗaya, ta zama ƙwallo shuɗi mai sheƙi, ana hango farin tururi na tunkuɗowa daga cikinsa. Wannan kumburin bai kai ƙiftawar ido biyu ba, kuma a ganina ya fi duk abin da ke biyo bayansa kyau. Sai ya fashe. Ruwa ya miƙe sama da ƙara, mita 15 zuwa 20, wani lokaci fiye, ya tarwatse ya zama farin hazo, waɗanda suka tsaya ta inda iska ke kaɗawa su watse da ihu da dariya. Kafin hazon ya washe, ramin ya zama fanko, ruwan da ya zubo yana gangarawa yana komawa cikinsa da ƙugi. Bayan minti biyar zuwa goma a sake sabon lale.

Wata baiwar Allah da ke kusa da ni ta juya wayarta tana gaya wa 'yan gidansu cewa ga ta a gaban Geysir. Malam ya taɓo ni. "Ɗana, ka ji ta ko? Wannan ba shi ba ne. Zo in nuna maka mai sunan."

Wanda ke ta wannan hidima Strokkur ne, ma'ana abin da ake kaɗa nono a ciki don a fitar da mai, kuma wanda ya ga yadda ruwansa ke hawa da sauka ya san ba a yi kuskuren suna ba. Geysir yana can gaba kaɗan, 'yan taku sama. Faffaɗan kwano ne, faɗinsa wajen mita 18, ruwa kwance luf, tururi na shawagi a kansa. An kafa dutse an sassaƙa sunansa a jiki. Mutane kan zo su ɗauki hoton dutsen, su leƙa ruwan, su ga ba labari, su koma wajen Strokkur. Yakan yi shekaru bai motsa ba. Amma otal ɗin da ke tsallaken titi sunansa yake ɗauke da shi, haka kantin tsaraba, haka alamar hanya, haka takardar yawon da muka saya. Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi.

A harshen Aislan, wanda bai yi nisa da tsohon harshen Norse na kakanninsu ba, akwai aikatau geysa, wato tunkuɗowa da ƙarfi, fitowa a guje. Aka ɗora masa ɗafin da ke nuna mai aikatawa, ya zama Geysir: mai tunkuɗowa. Su suna furta shi kamar "geisir". Ɗan'uwansa shi ne gjósa, aman da dutse mai wuta ke yi, daga shi kuma aka sami gos, kalmar da suke kiran aman dutse da ita, suke kuma kiran lemon kwalba mai gas da ita. Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne su masu harshen ba sa kiran irin wannan marmaro geysir. Suna da nasu rabe-raben: mai ɗumi da ake iya shiga wanka laug ne, mai tafasa hver ne, mai feshi sama kuwa goshver. A wurinsu Geysir ɗaya ne, shi ne wannan da ke kwance a gabanmu. Mutane ne masu ƙyamar aron kalma, waɗanda da tarho ya zo suka tono tsohuwar kalmar zare, sími, suka laƙaba masa, da kwamfuta ta zo suka ƙera mata tölva. Ga shi kuma duniya ta kwashi sunan marmaronsu ta raba wa kowa.

Yadda aka yi sunan ya fita waje ba wani abin al'ajabi ba ne. A ƙarni na 18 masu ilmi a Turai sun shiga farautar abubuwan mamaki na halitta, kuma a lokacin babu wani ruwa mai feshi da suka sani kamar wannan. A 1772 Joseph Banks, wanda bai daɗe da dawowa daga kewaya duniya tare da Kyaftin Cook ba, ya zo Aislan da tawagarsa, cikinsu har da wani matashi ɗan Suwidin, Uno von Troil. Sun hau Hekla, dutse mai aman wuta, sun ga Geysir yana aikinsa. Littafin wasiƙun von Troil ya fito da harshen Suwidin a 1777, fassararsa ta Turanci a 1780, aka karanta shi ko'ina. Saboda haka da masu bincike suka shiga Yellowstone a 1870 suka tarar da irinsa da yawa, har suka raɗa wa ɗaya Old Faithful, suna da kalma a aljihu tun daga gida. Haka aka yi a New Zealand, haka aka yi a Kamchatka lokacin da Tatyana Ustinova ta gano kwarin da ke can a 1941. Yau kusan rabin irin waɗannan marmaro na duniya a Yellowstone suke, wasunsu sun fi Geysir tashi sama, amma duk da sunansa suke amsawa. Riga-kafi ya yi musu wajen shiga littafi, shi ke nan.

Shi kansa bai shiga littafin mutanensa da wuri ba. Haukadalur gidan manya ne a ƙarni na 11 da na 12, gidan ilmi. A nan aka yi renon Ari Thorgilsson, wanda ya rubuta tarihin farko na ƙasar da harshenta wajen 1130, kuma bai ce uffan a kan wani ruwa mai tashi sama a bayan gidan da ya girma ba. Sai a 1294 kundin tarihinsu ya ambaci girgizar ƙasa da ta sauya marmaron yankin, wasu suka ɓace, sababbi suka ɓullo. Tun daga nan rayuwar Geysir a hannun girgizar ƙasa take. Ta zo ta buɗe masa hanyoyin ruwa ya farka, shekaru su shuɗe hanyoyin su toshe ya yi sanyi. A 1630 ya yi tashin da kwarin ya jijjiga. Girgizar 1896 ta sa yana feshi sau da dama a rana, zuwa 1916 ya yi tsit.

Na tambayi Malam abin da ke hana kowane ruwan zafi yin haka. Na ce, ga Wikki a Yankari, ga Ruwan Zafi a Lamurde ta Adamawa, ban taɓa jin sun tofa ko ɗigo sama ba.

Ya gyara hular sanyinsa. "Wikki digiri 31 ne, ɗana, wanka ake yi a ciki. Ko da zai tafasa ma, zafi kaɗai ba ya isa. Sai an haɗa abu uku: dutse mai tsananin zafi kusa da sama, ruwa mai yawa da ke tsiyaya ya same shi, da kuma maƙogwaro ƙunci. Na ukun nan shi ne mai wuyar samu." Ya nuna farin ɓawon da ya kewaye kwanon. Silika ce, in ji shi, ruwan zafi ke narkar da ita daga duwatsun ƙasa ya zo ya shafe bangon ramin da ita, har ya zama bututu mai riƙe matsi. Ramin Geysir ya haura mita 20. Ruwan da ke can ƙasa yana ɗauke da nauyin duk wanda ke samansa, don haka ba ya tafasa a digiri 100, sai ya wuce 120 yana nan a ruwansa. Da zarar 'yan kumfan tururi sun ɗaga na sama ya ɗan zube ta baki, nauyi ya ragu, na ƙasa ya rikiɗe ya zama tururi nan take. Tururi kuwa yana neman wuri fiye da ninki dubu na ruwan da ya haife shi, hanya ɗaya ce kuma gare shi. Wannan tumbatsar da muka ga Strokkur na yi kafin ya fashe, ita ce kunamar da ke harba bindigar.

Wanda ya fara gane haka duk ɗalibin sakandare ya san sunansa, ko da bai san ya taɓa zuwa nan ba: Robert Bunsen, Bajamushen nan mai murhun ɗakin gwaje-gwaje. Ya zo a 1846, bayan aman da Hekla ya fara a 1845, shi da wasu masana suka riƙa zura ma'aunin zafi da igiya cikin ramin Geysir, mataki-mataki, suna rubuta abin da suka samu. Kafin shi, ra'ayin George Mackenzie ake bi, wanda ya zo a 1810 ya ce akwai wani kogo a ƙasa da tururi ke taruwa a ciki ya turo ruwa. Bunsen ya nuna ko babu kogo, bututun kaɗai da nauyin ruwan cikinsa sun isa.

Sai dai ba kowane baƙo ne ya zo da ma'auni da haƙuri ba. Wanda ya sha teku makonni, ya hau doki kwanaki, ba ya son a ce masa marmaro na hutawa. Lord Dufferin, wanda ya zo a 1856, ya ba da labarin yadda suka kafa tanti suna jiran Geysir, suna rage zaman da cusa wa Strokkur curin ƙasa da ciyawa har sai ya amayar. Wasu duwatsu suka riƙa jefawa. A 1894 manomin da ke da filin ya sayar wa wani ɗan arewacin Ireland, James Craig, shi kuma ya kewaye shi da shinge ya sa kuɗin shiga. Filin ya yi ta sauya hannu a wajen ƙasar har 1935, lokacin da wani ɗan Aislan, Sigurdur Jonasson, ya saye shi da kuɗinsa ya ba al'ummar ƙasar kyauta. A shekarar ce kuma aka sare bakin kwanon aka yi magudana don ruwa ya ragu, nauyi ya sauka, Geysir ya farka. Ya farka ɗin, har silika ta sake cike magudanar. A 1981 aka sake yashe ta, aka kuma koma zuba masa sabulu a ranakun biki, don sabulu na sa ruwa saurin kumfa. Shi ma Strokkur da ake yaba wa cika alkawari, ya yi shekaru da dama a toshe, sai a 1963 aka huda masa hanya ya dawo aiki.

Ban ga abin burgewa a feshin sabulu ba, kuma na ji daɗi da aka daina. Abin da ya sa marmaron nan ya cancanci a yi masa tattaki shi ne yana faɗin abin da ke gudana a ƙarƙashin ƙasa: in ya yi shiru hanyoyinsa sun toshe, in ya tashi ƙasa ta motsa. Ranar da aka ɗura masa sabulu don manyan baƙi, ba abin da feshinsa ke shaidawa sai cewa an ɗura masa sabulu. A watan Yunin 2000 girgizar ƙasa biyu suka auku a kudancin ƙasar, ta farko ma ranar 17 ga wata, ranar bikin 'yancinsu, Geysir ya tashi da kansa ba da roƙon kowa ba, ya yi ta feshi na wani lokaci, sannan ya riƙa ja baya har ya koma yadda muka same shi. A 2020 gwamnati ta sa wurin cikin wuraren da doka ta kare. Yanzu ko tsakuwa ba a yarda ka jefa ba, ko da yake a Blesi, wasu tagwayen kududdufai da ke kusa, ɗaya garau ɗaya shuɗi kamar an zuba masa baba, ana hango sulallan da masu neman sa'a suka watsa a ƙasan ruwan. Ɗan Adam dai ba ya ganin rami ya ƙyale.

Mun hau tudun Laugarfjall kaɗan, muka wuce Konungshver, marmaron sarki, wanda ya sami sunansa daga ziyarar Sarki Christian na 9 na Denmak a 1874, zamanin da Aislan ke ƙarƙashinsu. Daga sama ana ganin filin duka, bai fi a kewaye shi da ƙafa cikin rabin sa'a ba. Malam ya ce gwiwarsa ta ƙoshi da hawa, muka gangaro muka shiga kantin tsallaken titi neman shayi, kafin mota ta wuce da mu Gullfoss, inda kogin Hvita ke faɗawa mita 32 a hawa biyu.

Muna shan shayin ne ya ƙarasa mini tafiyar sunan, don ashe bai tsaya a marmaro ba. A 1868 wani mai fenti a Landan, Benjamin Waddy Maughan, ya ƙera na'urar da ke zafafa ruwan wanka da iskar gas yayin da yake bi ta cikin bututu, ya raɗa mata Geyser, saboda yadda ruwan zafi ke tunkuɗowa daga bakinta. Na'urar tana da haɗari, don ba ta da mafitar hayaƙi, amma sunan ya kama. Turawan Ingila suna furta shi "giza", suka kuma tafi da shi ƙasashen da suka mallaka. Mu a Nijeriya hita muke cewa, amma a Indiya da Pakistan da Afirka ta Kudu har gobe tankin ruwan zafin banɗaki giza ne. A Johannesburg in ka ji maƙwabci na kukan gizarsa ta fashe cikin dare, silin ne ya jiƙe, kuma mai gyaran famfo ake nema.